FILIN MATA: Ɗanwaken Mutanen Folan Da Yukren

 Yau za mu leƙa madafar mutanen Folan da na Yukren, can gabashin Turai, mu koyo wani abinci da zai rufa wa uwargida asiri ran da cefane ya yi kaɗan.

Kun tuna a cikin 2022, da Rasha ta kai wa Yukren yaƙi, fulawa ta yi tsada har nan Kaduna, gama ƙasashen nan biyu suna cikin manyan masu sayar wa duniya alkama, mu kuwa yawancin alkamar da injunanmu ke niƙawa daga waje ake kawo ta. To, tun da fulawa abin lallaɓawa ce, bari mu ga yadda masu noman alkamar suke sa 'yar kaɗan ta ƙosar da gida.

Mutanen Folan suna kiran abincin nan fiyerogi, na Yukren kuwa bareniki, watau dafaffe. Ɗan'uwan ɗanwake ne, domin a tafasasshen ruwa ake jefa shi, in ya nuna ya taso sama. Bambancinsu shi ne wannan yana da ƙunshi a ciki. Tsohon abinci ne ƙwarai, har yana cikin littafin girki na farko da aka buga da harshen Folan a 1682. A can sukan cusa masa dankali da cuku, ko kabeji, ko nama, ko 'ya'yan itace. Waɗansunsu sukan zuba masa kitsen alade, mu sai mu sa man shanu ko man gyaɗa.

Ga abin da za ki tanada: fulawa gwangwanin madara 6, ruwan ɗumi gwangwani 1 da rabi, mai babban cokali 2, gishiri ƙaramin cokali 1. Na ƙunshi kuwa, dankalin Turawa madaidaita 6, albasa 2, barkono, da cukun Fulani ko awara cikin tafin hannu biyu. Duk ana samunsu a kasuwar Kakuri. Wannan zai ba ki kamar guda 50.

Da fari ki dafa dankalin, ki tsane ruwan sarai, ki dame shi. Ki soya albasa har ta yi ja, ki zuba rabi a ciki tare da cukun da kika marmasa da gishiri da barkono, ki ajiye ya huce. Kada ki cusa shi da zafi, gama tururi yakan jiƙa ƙullin ya yage.

Sa'an nan ki tankaɗe fulawa, ki kwaɓa da ruwan ɗumin da mai da gishiri, ki yi ta murzawa har ya daina kama hannu. In ya yi tauri ki ƙara ruwa kaɗan. Ki kife masa kwano rabin sa'a, domin ƙullin da ya huta ba ya komawa in ana miƙe shi. Ki barbaɗa gari a faranti mai tsabta, ki murza shi da wankakkiyar kwalba ya yi falle-falle, ki riƙa yankawa da bakin kofin shayi.

A nan gwaninta take. Ki ɗora ƙaramin cokali ɗaya tak na ƙunshi a tsakiya, ki ninke kamar rabin wata, ki matse bakin da yatsu sosai. Haɗama ita ke ɓata aikin: wadda ta cika ƙunshi, sai bakin ya buɗe a tukunya, ta tashi da fate. Kada kuma mai ya taɓa bakin, in ya taɓa ba zai manne ba. Wannan aikin 'yammata ne, ku zauna tare da iyayenku ku koya, hannu da yawa maganin ƙazamar miya.

Ki tafasa ruwa mai yawa da gishiri, ki jefa goma-goma, ki juya a hankali kada su kama gindin tukunya. In sun taso ki ba su minti 2 ko 3, ki tsame da matsami. Ki zuba musu sauran albasar da man shanu, da kindirmo mai kauri a gefe, gama a can ma da kirim mai tsami suke ci. Mai son yaji ta barbaɗa.

Amfaninsa garemu babba ne. Ragowar naman miya, ko dafaffen wake, ko alayyafo da aka matse ruwansa, duk suna shiga ciki maimakon a zubar. Wanda ya kwana kuwa, ki soya shi da safe a ɗan mai har ya yi ja, ki zuba wa maigida a kwano ya tafi da shi aikin masana'anta a nan Kudenda, yara kuma su tafi da nasu makaranta. Amma mai nama kada ya kwana sai a firji.

Wadda ta gwada ta rubuto mana abin da ta cusa a nata. Sai mako mai zuwa, in Allah ya kai mu.

Taku,
Malama