Daga Zauren Unguwa: Abotar Bature da Ɗan Masunci

A wannan wata ina so mu duba labarin wasu aminai biyu, domin akwai darasi a ciki ga samarinmu na zango masu sha'awar shirya fim.

A shekarar 1941 wani Bafaranshe, Jean Rouch, ya sauka a Nijar a matsayin injiniyan gina hanya. A nan ya haɗu da Damure Zika, ɗan masunta na bakin kogin Kwara. Daga baya Rouch ya ajiye aikin hanya ya ɗauki kyamara, shi kuwa Damure ya zama abokin aikinsa fiye da shekara 50.

Fim ɗinsu da ya fi shafar mu shi ne Jaguar, wanda suka fara ɗauka a 1954, ya fito a 1967. Labarin samari uku ne, Damure da Lam Ibrahim Diya da Illo, da suka baro Nijar zuwa ci-rani a Gold Coast, wato Gana ta yau, suka nemi kuɗi a Akra da kasuwar Kumasi. Hanyar da kakannin da yawa daga cikinmu suka biyo ke nan. Kyamarar ba ta ɗaukar murya, don haka sai daga baya Damure da Lam suka zauna suna kallon hotunan suna ba da labari da bakinsu. Rouch ke da ido, su ke da harshe.

An soki Rouch, kuma sukar tana da tushe. Usman Sembene na Senegal ya zarge shi da kallon 'yan Afirka kamar ƙwari. To amma a fim ɗin Petit à Petit sun juya lamarin: Damure ne ya je Paris yana auna kawunan Turawa. Da suka yi Cocorico Monsieur Poulet a 1974, labarin 'yan kasuwar kaji da tsohuwar motarsu, sunan da aka sa wa mai shirya fim ɗin shi ne Dalarou, wato farkon sunayen Damure da Lam da Rouch a haɗe.

Nan ne maganata take. Sau nawa muka ga samari sun haɗa ƙungiyar wasa, fim ɗaya ya fito, sai rigima ta ɓarke a kan sunan wa za a sa a gaba? Mai kyamara ya ɗauka shi ne komai, ya manta hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka. Ku raba suna da riba tun kafin a kunna kyamara, a gaban shaidu.

Rouch ya rasu a hatsarin mota kusa da Birnin Ƙonni a Fabrairun 2004, aka binne shi a Yamai. Damure ya bi shi a 2009. Rabon suna bai raba su ba, sai mutuwa.

Sai wata mai zuwa, in Allah Ya kai mu.