Zuwa Tudun Jos: Mu Tafi Kaɗan-Kaɗan, Da Ɗan Ƙasa A Gaba

Tun da aka shiga wannan zango, ba abin da ya cika bakin 'yan aji na ƙarshe kamar zancen yawon ganin ƙasa da za a yi kafin hutu. Wurin da za a je kam an daidaita a kansa, watau tudun Jos. Abin da ya rage ana gardama shi ne yadda za a yi tafiyar. Waɗansu sun ce a yi hayar babbar mota, a kwashe ajin duka, a kewaya duk wurin da ke da suna cikin kwana biyu, a komo. Waɗansu kuwa sun ce a rabu ƙungiya-ƙungiya, mutum takwas ko goma, kowace da malami ɗaya da jagora ɗan ƙasar, a ga wurare kaɗan cikin kwana uku. Mu muna bayan na biyun, muna kuwa so mu faɗi dalilinmu a nan tun ba a yanke magana ba.

'Yan'uwa, mu tuna ko mu su wane ne. Baɗi war haka kowane ɗayanmu yana tsaye gaban yara arba'in ko fi, a wani gari na fili inda babu abin da ya fi suri tsawo sai itacen kuka, yana ƙoƙarin ya koya musu abin da a ke nufi da tudu, da kwari, da mafarin kogi. Yaran nan ba za su samu fiye da abin da malaminsu ya ɗauko a idonsa ba. In abin da ya ɗauko ƙura ce da ya hanga ta tagar mota, to, ƙurar zai ba su.

Ku duba hawan kansa tukuna. Garin Jos yana bisa wajen ƙafa 4,000 daga bakin teku, duwatsun Shere da ke gabas da shi kuwa sun kai wajen ƙafa 6,000, alhali Kano ba ta wuce wajen ƙafa 1,600 ba. Mun karanta a littafin labarin ƙasa cewa duk ƙafa 500 da mutum ya hau, zafi ya kan ragu da kimanin digiri ɗaya. Amma wanda ya shigo ta hanyar Zariya ko ta Bauchi ba ya ganin hawan sosai, don ta nan ƙasar a hankali ta ke tashi, sai dai ya ji iska ta sauya. Ta kudu da yamma ne tudun ya yanke kamar bango. Saboda haka jagora wanda ya san aikinsa zai ce a fita ta Bukuru, a bi hanyar Akwanga, a tsaya a Riyom a ga duwatsun nan da suka hau kan juna kamar wani ne ya jera su, sa'an nan a gangara Hawan Kibo har mafaɗar ruwa ta Assop, a juyo a sake hawa. Cikin 'yan mil kaɗan mutum zai bar itatuwa masu duhu da gumi, kunnuwansa su toshe, ya fito fili mai gajeriyar ciyawa yana neman mayafi. Mutum goma suna iya sauka a ƙasa su auna zafi, su sake aunawa a sama, su rubuta. Mutum sittin kuwa, kafin a gama sauke su a ƙidaya su a sake cusa su, rana ta yi, direba yana ta hura ƙaho.

Ga kuma abin da ba ya ganuwa sam sai an nuna wa mutum. Tudun nan shi ne uwar koguna da yawa na ƙasarmu. Kogin Kaduna daga nan ya taso, ya je ya faɗa Kwara. Gongola daga gefen gabas ya fito, ya yi dogon kewaye ya sadu da Binuwai a Numan. Kogin Jama'are ma daga duwatsun kusa da Jos ya fara, ya haɗu da na Haɗeja, ruwansu ya nufi Tafkin Cadi. Watau ruwan sama ɗaya ne ya kan sauka, rabi ya tafi teku, rabi ya nufi bakin hamada, abin da ya raba su kuwa wani lokaci ɗan tudu ne wanda ba ka ko lura da shi. Jos ta kan sami ruwa wajen inci 55 a shekara, har da ƙanƙara wani sa'i. Manomin fadamar Haɗeja, da bai taɓa ganin dutsen Shere ba, yana cin albarkacinsa kowace shekara. Malamin da ya tsaya a irin wannan wuri rabin sa'a, aka nuna masa da hannu ina ne gabas ina ne arewa, ba zai sake zana kogi a allo kamar igiyar da aka yar ba.

Amma babban dalilinmu ba duwatsu ba ne, jagoran ne.

Duk wanda ya bi tsakanin Bukuru da Barikin Ladi zai ga tafkuna barkatai, ruwansu shuɗi ko kore, da tarin ƙasa ja da fari a bakinsu. Baƙo ya kan ce kai, wannan ƙasa Allah ya yi mata kyau, ya ɗauki hoto ya wuce. To, tafkunan nan ba haka aka halicce su ba, ramukan haƙar kuza ne. Tun kafin Turawa su zo maƙeran Riruwai suna narka kuza suna sayarwa. Da kamfanonin Turawa suka shigo a farkon ƙarni na ashirin sai aikin ya zama wani abu dabam. Aka ja ƙaramin dogo daga Zariya, wanda ya iso a 1914, ya yi ta jigila har aka rufe shi a 1957. Aka tare ruwa a Kurra ana samar da wutar lantarki saboda injunan haƙa. Da Japan ta kama Malaya a 1942, Ingila ta rasa kuzar can, sai aka ɗora aikin tilas: daga 1942 zuwa 1944 aka riƙa kwaso mutane daga lardunan Arewa ana kawo su ramukan nan. Mutanen da suka saba da zafi, ga sanyi, ga ƙarancin abinci da mayafi, da yawa ba su koma gida ba. Bayan haka kasuwar ta yi ta ja da baya, har farashin kuza ya faɗi warwas a duniya a 1985. Kamfanoni suka tafi, ramuka suka zauna, ruwa ya cika su, har yanzu kuwa su kan ci mutum da dabba.

Wannan duka ana iya karanta shi a littafi, gaskiya ne. Abin da littafi ba zai ba ka ba shi ne mutumin Birom da zai tsaya bakin tafki ya nuna maka da sanda inda gonar kakansa ta ke a ƙarƙashin ruwan. Mai ɗaki shi ya san inda ya ke yoyo. Kuma ba za mu tsaya ga bakinsa shi kaɗai ba. A Bukuru da Barikin Ladi akwai dattawa Hausawa waɗanda kakanninsu suka zo ɗaukar kwanon kuza, aka haifi iyayensu a nan, ba su san wani gida ba. Sunan Barikin Ladi ma da kansa shaida ne. In an zauna da ɗayansu za a ji labarin ramin nan ta wata fuska, ba lalle kuwa ya yi daidai da na farko ba. Muna ganin wajibi ne ɗalibi ya ji duka biyun da kunnensa. Irin wannan zama kuwa ba ya yiwuwa da taro. Dattijo ya kan shimfiɗa wa mutum takwas tabarma a zaure, ya ba su ruwa, ya saki baki. In ya ga mutum sittin sun sauko daga mota da wayoyi a hannu, gaisuwa zai yi musu ya shige gida, ba kuwa wanda zai ga laifinsa.

Akwai wata magana da ba a son faɗi, amma wannan mujalla tamu ce, bari mu faɗe ta. Da yawa daga cikinmu, 'yan ƙasar fili, mun tashi muna jin ana ambaton mutanen dutse da wani suna na raini, kamar waɗanda ba su da tarihi. Wanda ya shiga ƙauyukansu da jagora zai ga shingen ƙerana ya kewaye gida da gona, hanya siririya tana karkacewa a tsakani, ya tambaya, a gaya masa cewa a ƙarni na goma sha tara mahaya daga Zazzau da Bauchi su kan kawo hari neman bayi, shingen nan da duwatsun nan su ne garunsu. Tsakiyar tudun kuwa ba a taɓa mallake ta ba sai zuwan Turawa. Zai ga acca tana fitowa a ƙasar da gero zai ƙi. In ya kai wajen Fankshin zai ga yadda Angasawa su ke jera duwatsu hawa-hawa a jikin tudu su tare ƙasa kada ruwa ya kwashe ta, dabarar da malaman gona su ke koyarwa yau da dogon Turanci. In ya shiga gidan ajiye kayan tarihi na Jos, wanda Bernard Fagg ya kafa a 1952, zai ga kawunan yumɓu na Nok, waɗanda masu haƙar kuza suka fara tonowa a 1928 kudu maso yamma da tudun, sun kuwa haura shekara 2,000. Sa'ad da aka gina su ba a kafa ko ɗaya daga biranen da mu ke alfahari da su ba. Malamin da za a tura ajin da ke da ɗan Birom da ɗan Fulani da ɗan Hausa a benci ɗaya, gara a ce ya ga waɗannan abubuwa tun bai karɓi alli ba.

Masu son babbar mota suna da hujja, ba mu raina ta ba. Sun ce ƙananan motoci shida sun fi babba ɗaya tsada, ga kuma ladan jagora shida. Haka ne. Amma ba dole ba ne ƙungiyoyin su tafi rana ɗaya. Ana iya yin biyu-biyu, mako bayan mako, da mota ɗaya da jagora ɗaya, in kuɗi ya gaza kuma a rage nisa. Mu dai gara a kai mu wuri uku mu gane su, da a kai mu goma sha biyu mu dawo muna gardamar wanne ne Assop wanne ne Kurra.

Hujjarsu ta biyu ta fi nauyi, watau tsaro. Ba wanda ya manta da rikicin Jos na 2001 da na 2008 da na 2010, ko kashe-kashen ƙauyukan Bokkos da Barikin Ladi a watan Disamba na 2023. Sun ce yawa shi ne kariya. Mu kuwa muna ganin abin da ke kare baƙo a irin wannan wuri shi ne sanin hanya da sanin mutane. Jagora ɗan ƙasa ya san ƙauyen da a ke zaman makoki, ya san hanyar da ba a bi bayan la'asar, ya san mai unguwar da za a fara gaisarwa. Ƙaramar mota tana juyawa inda aka ce a juya. Duk da haka ba mu ce a tafi ko ta halin ƙaƙa ba. In hukumar makaranta ta bincika ta ga lokacin bai yi ba, a ɗaga, duwatsun ba za su gudu ba.

Waɗansu kuma, cikin malamanmu ma, sun ce kwana uku ba ya isa mutum ya san ƙasa, don haka duk ɗaya ne. Lalle ba ya isa. Ko Vom kaɗai ta isa ta cinye yini guda: a nan aka kafa wurin binciken ciwon dabbobi a 1924, a ƙasar da ƙudan tsando bai dame ta ba, daga nan kuma aka yi ta fitar da allurar rigakafin bushiya, cutar da ta taɓa ƙarar da shanun Fulani, wadda aka ba da sanarwar ƙarewarta a duniya a 2011. Ba mu ce za a dawo masana ba. Amma tun da lokacin kaɗan ne, ai shi ya sa ba a ɓarnatar da shi wajen jiran wanda ya tsaya sayen dankalin Turawa a bakin hanya.

Abin da mu ke roƙon Shugaba da malamai su duba shi ne wannan. Kada ƙungiya ta wuce mutum goma. A nemi jagora ta hannun wata makarantar can, a biya shi lada na mutunci, kada a mai da shi ɗan rakiya. A ba kowace ƙungiya tambaya ɗaya da za ta komo da amsarta, wannan ruwa, wannan kuza, waccan noma, su karanta wa sauran a babban ɗaki. Lokacin da ya fi dacewa kuwa shi ne ƙarshen damina, wajen Oktoba zuwa farkon Nuwamba, sa'ad da ciyawa ba ta bushe ba, ruwan Assop yana da ƙarfi, hazo kuma bai rufe duwatsu ba. Kowa ya riƙo bargo da littafin rubutu, mai kula da kayan kimiyya kuma ya ara wa kowace ƙungiya ma'aunin zafi ɗaya.