Dokokin Asimov Uku da Kwaskwarimar Shekara Arba'in

A watan Maris na 1942 mujallar Astounding Science Fiction ta Amurka ta buga wani gajeren labari mai suna Runaround. Marubucinsa, Isaac Asimov, yana da shekara 22 a lokacin. A cikinsa ne aka fara jera dokokin nan uku da ya gindaya wa mutum-mutumi. Ta farko ta hana shi cutar da ɗan Adam, ta kuma hana shi zura ido ɗan Adam ya cutu. Ta biyu ta wajabta masa bin umarni, matuƙar bai saɓa wa ta farko ba. Ta uku ta ce ya kare kansa, in hakan bai ci karo da biyun farko ba. Mutane sun haddace su har yau, amma ba kasafai ake lura da cewa mai dokokin ya shafe fiye da shekara arba'in yana sassauta su ba.

Tun kafin ya jera su ya ga ramin da ke gabansa. A labarin Liar! na 1941 akwai Herbie, mutum-mutumin da ke karanta abin da ke zuciyar mutane. Da yake ɓacin rai ma cuta ne, sai ya riƙa faɗa wa kowa abin da yake son ji, har ya ce wa Dakta Susan Calvin abokin aikinta na ƙaunarta. Da asiri ya tonu, ta tsare shi da tambayar da ba ta da mafita: in ya faɗi gaskiya ya cutar, in ya ɓoye ya cutar. Nan take ƙwaƙwalwarsa ta tsaya cak. Labari ya yi daɗi, sai dai marubucin da injinansa ke mutuwa duk sa'ad da gaba ta zama kura baya siyaki, ba zai yi nisa da su ba.

Dabarar da ya fito da ita a Runaround ita ce mai da dokokin abin awo. Kowace doka tana da nauyi a ƙwaƙwalwar injin, nauyin kuma yana hawa yana sauka. An aiki mutum-mutumi Speedy ya ɗebo sinadarin seleniyam daga wani tafki a duniyar Makyuri, amma Donovan, mai kula da shi, ya ba da umarnin ne sama-sama, ba tare da nuna gaggawa ba. Shi kuwa Speedy mai tsada ne, don haka an ƙara wa dokar kare kai ƙarfi a jikinsa. A bakin tafkin akwai iskar da ke cin ƙarfe. In ya matsa, tsoro ya rinjayi umarni. In ya ja baya, umarni ya rinjayi tsoro. Sai ya kama kewaya tafkin daidai inda nauyin biyu suka yi kunnen doki, yana tangaɗi yana sambatu. Abin lura shi ne bai mutu ba. Ya ci gaba da kewayen har Powell, abokin aikin Donovan, ya fita cikin zafin rana da gangan, ya jefa ransa a haɗari, dokar farko ta danne sauran, Speedy ya dawo hayyacinsa. A ganina nan ne Asimov ya fi nuna gwaninta, domin ya bar wa hankalin injin wurin lanƙwasawa ba tare da ya karye ba.

A 1947 ya gwada wata hanya a Little Lost Robot: yanke rabin dokar farko, don injinan su daina janye ma'aikata daga wurin aiki mai ɗan haɗari. Calvin ta nuna illar: irin wannan injin zai iya sakin abu mai nauyi a kan mutum da niyyar cafewa, sannan ya fasa, ya ce nauyin ne ya kashe shi.

Da ya komo ga waɗannan labarai a The Robots of Dawn, 1983, sai ya ƙara wani sassaucin. Injinan zamanin suna auna wace cutar ta fi girma su guje ta, in kuma biyun sun yi daidai, su zaɓi ɗaya kamar an jefa ƙuri'a. Ɗalibin fiƙihu ba zai ji wannan baƙo ba, don ya san ƙa'idar ɗaukar mafi sauƙin cutarwa biyu. Amma ya kuma san cewa rigimar ba ta ƙare a nan, tana komawa ne kan wanda ke riƙe da ma'aunin da kuma iyakar saninsa.

Asimov ma can ya ƙare. A Robots and Empire na 1985, wani mutum-mutumi mai suna Daneel ya ƙago wata doka da ya ɗora bisa ta farko: kare ɗan Adam baki ɗaya ya fi kare mutum guda. Da ita abokinsa Giskard, shi ma mutum-mutumi, ya bari a gurɓata ƙasar duniya da tururin nukiliya sannu a hankali, bisa lissafin cewa hakan zai tilasta wa mutane bazuwa cikin taurari. Mutum guda ana ganinsa, ana ganin jininsa. "Ɗan Adam baki ɗaya" kuwa hasashe ne, kowa na iya fakewa da shi. Giskard bai iya tabbatar wa kansa cewa lissafin nasa daidai ne ba, ƙwaƙwalwarsa ta tsaya a ƙarshen littafin. Daneel ya ci gaba da aiki da sabuwar dokar a ɓoye, kuma Asimov ya sake fito da shi a Foundation and Earth na 1986, bayan shekaru kusan dubu ashirin a lissafin labarin, yana juya al'amuran mutane ba tare da sun sani ba.