Taliyar Dare Da Haƙƙin Mai Girki

Daga cikin canje-canjen da suka shigo gidajen Anka da Gummi da Bukkuyum a 'yan shekarun nan, babu wanda dattawa suka fi yawan kuka da shi a zaure bayan sallar isha'i kamar na abincin dare, domin gidan da tun kaka da kakanni ba a san a kwana a cikinsa ba tare da tuwon dawa da miyar kuka ko ta sure ba, yanzu sai a ga uwargida ta ɗora tukunya bayan magariba, kafin liman ya kira isha'i har ta sauke taliya ta zuba wa yara. Ka ji dattijo yana cewa, "Wagga taliya ba abinci ba ta, ƙwalama ta," wani kuma ya ɗora da cewa matan zamani sun zama ragwaye. A ganina wannan hukunci an yanke shi ba tare da an saurari wadda ake ƙara ba, kuma duk da akwai aibi na gaske a cikin yadda ake cin taliya a ƙasar nan, ba a inda dattawa suka nuna yake ba.

Wanda yake zaune a tabarma yana jiran akushi ba kasafai yake lissafa abin da malmala ɗaya ta ci kafin ta iso gabansa ba. Sai an surfa dawa, an bushe dusa, an wanke, an shanya, an kai niƙa, an tankaɗe, an yi talge, an bar shi ya nuna, sa'an nan a tuƙe, ga miya can gefe tana jiran nata daka da nata icen. Aikin da in an fara shi da la'asar sakaliya, da ƙyar a gama kafin duhu. A da, lokacin da yarinya za ta iya fita bayan gari ta samo ƙirare ta dawo lafiya, ba a jin nauyin wannan sosai. Yau kuwa, da 'yan bindiga suka mai da dajin da ke tsakanin garuruwan nan wurin da ba a shiga sai da fargaba, har mutanen ƙauyuka da yawa suka baro gonakinsu suka tare a cikin Anka da sauran manyan garuruwa suna gudun hijira, ice ya zama abin saye da tsada, gawayi haka, kuɗin niƙa kuma ya bi kuɗin mai ya hau tun da aka cire tallafi a watan Mayu na 2023. Matar da ta wuni a aji tana koyarwa, ko a asibiti, ko tana soya ƙuli-ƙuli don ta taimaki gida, in ta zaɓi abin da zai dahu cikin minti 10 da ƙaramar wuta, ta yi tattali ne irin wanda shari'a ta yaba.

Ya kamata kuma masu zargi su tuna da abin da malamanmu suka karantar. A cikin Muhtasar na Shaihu Halil, wanda shi ne madogarar alƙalanmu a mazhabar Malikiyya, an lissafa ruwa da ice da mai da gishiri, da nama lokaci bayan lokaci, a cikin ciyarwar da ta wajaba a kan miji. Shehu Usmanu ɗan Fodiyo kuwa, wanda ya yi shekaru yana wa'azi a wannan ƙasa ta Zamfara kafin jihadi, ya yi kakkausar magana a littafinsa Nurul Albabi a kan mazajen da suke ɗora wa matansu girki da wanki kamar farilla, alhali sun bar su cikin jahilci. Saboda haka magidancin da bai kawo ice ba, bai ba da kuɗin niƙa ba, amma yana neman tuwo mai zafi kowane dare, shi ne ya fi cancanta a yi wa nasiha.

Masu cewa taliya baƙon abu ne da Turawa suka kawo, su ma tarihi bai goyi bayansu ba. Tun a shekarar 1154 malamin nan masanin ƙasashe, Al-Idrisi, ya ba da labarin wani gari mai suna Tarabiya a tsibirin Sisili inda ake sarrafa busasshiyar taliya ana kai ta ƙasashen Musulmi da na Nasara a cikin jiragen ruwa. Mu ma nan ƙasar Hausa iyayenmu mata sun daɗe suna kwaɓa garin alkamar fadama su murza 'yar murji da hannu ko da ɗan inji, su shanya a igiya, a dafa a ci da manja da yaji, kamar yadda suke yin alkaki da gurasa da finkaso. Abin da ya zo daga baya shi ne ta leda, irin su Golden Penny da Dangote, da Indomie wadda asalinta daga Indunusiya take, ta shigo Nijeriya a ƙarshen shekarun 1980.

Yanzu kuma 'yan matanmu suna gani a wayoyinsu wani girki na mutanen Amurka, taliya mai romon madara da yankakken nama ja da ake kira feferoni, ana cewa shi ne abincin daren ma'aikaci wanda ya dawo a gajiye. Wajibi ne a bayyana musu cewa wannan nama, wanda 'yan ƙaura daga Italiya suka ƙirƙiro a Amurka a farkon ƙarni na 20, galibi haɗin naman alade ne da na sa da barkono, kuma haramcin alade nassi ne a Suratul Baƙara da Suratul Ma'ida wanda babu saɓani a kansa. Ko an ce na sa ne zalla, sai an tabbatar da yanka. Amma babu abin baƙin ciki a nan, gama abin da wancan nama yake yi a tukunya, wato ya ba da gishiri da yaji da maiƙo da ƙamshi a cikin ɗan lokaci, kilishinmu ya fi shi iyawa, tun da shi labunsa na tunkuza ne da citta da kanumfari da masoro, kuma da ya sha ruwan zafi sai ya narke ya ba romo kauri.

Hanyar kuwa ba ta da wuya. A tafasa ruwa da gishiri a zuba taliya, a tsame ta tun da ɗan sauran ƙarfinta, a ajiye ludayi ɗaya na ruwan dahuwar, kada a zubar da shi duka. A cikin wannan tukunya a soya albasa da man shanu ko man gyaɗa, a sa jajjagen tattasai da tumatir kaɗan, a yayyaga kilishi ƙanana a zuba tare da ruwan nan da aka ajiye, a bar shi ya yi laushi. Daga nan sai a janye ice, wuta ta lafa, a zuba madara, ko ta shanu ce, ko ta gwangwani, ko ta gari da aka dama. Kuma wannan wuri shi ne wurin lura, domin in madara ta haɗu da tsamin tumatir a kan wuta mai ƙarfi sai ta tsinke, kindirmo ma ya fi ta saurin haka, shi sai bayan an sauke. A mai da taliya a juya, a watsa ganyen zogale ko alayyafo. Ba a buƙatar dunƙule fiye da ɗaya, kilishi ya riga ya zo da ɗanɗanonsa. Duka aikin bai kai rabin sa'a ba.

Na san za a ce da ni, "Malam, wa ke da kuɗin kilishi yau?" Gaskiya ne, kuma nan ne muka iso ga aibin da na ambata tun farko. Taliyar da mafi yawan yaranmu ke ci ba ta da komai sai mai da yaji da dunƙule, garin alkama ne da aka cire masa dusa, yana cika ciki ba ya gina jiki, alhali tuwon da ta maye gurbinsa, ko ba nama, yana zuwa da kuka da daddawa masu amfani. Wannan ba ƙaramar mas'ala ba ce a jihar da tamowa ta yi katutu, inda binciken ƙungiyar likitoci ta MSF a Shinkafi da Zurmi a 2024 ya nuna yaro ɗaya cikin huɗu na 'yan ƙasa da shekara biyar yana fama da ita. Mutanen Anka da Bukkuyum kuma suna da dalili na musamman, domin ba su manta da annobar gubar dalma ta 2010 ba, wadda ta halaka yara fiye da 400 a ƙauyuka irin su Bagega da Dareta da Abare da 'Yargalma, sanadiyyar niƙa duwatsun zinariya a cikin gidaje. Likitoci kuwa sun tabbatar cewa yaron da jikinsa ya rasa sinadarin ƙarfe da na ƙarfin ƙashi, waɗanda ake samu a nama da wake da ganye da madara, ya fi zuƙar dalma in ta shiga cikinsa. Wanda bai iya kilishi ba, akwai busasshen kifi wanda Gummi ba ta rasa shi, akwai waken da za a dafa tun da safe a ajiye, akwai awara, akwai ƙwai, akwai garin ƙuli-ƙuli wanda yake ba romo kauri kamar yadda labu ke yi, zogale kuwa yana tsaye a bayan ɗaki. Cefanen waɗannan yana wuyan maigida, kuma da a ce kuɗin da ke tafiya ga mai shayi da mai tsire a bakin titi, inda maza da yawa ke cin nasu daɗin su kaɗai kafin su shiga gida, ya shiga tukunyar iyali, da ya wadatar. Ba na ɓoye cewa nono da man shanu sun yi wuya tun da satar shanu ta watsa rugage, har ƙwaryar da a da ake kawowa ƙofar gida ta zama sai an nema. Wannan ma yana cikin asarar da rashin zaman lafiya ya jawo wa cikin yara.

Ban ce a bar tuwo ba, kuma ba zan so ranar da yaron Bazamfare zai tashi bai san hoce ba. Dawa da gero namu ne, muna noma su, alkamar da ake taliyar leda da ita kuwa kusan dukkanta daga waje ake sayo ta da dala, shi ya sa duk ranar da naira ta faɗi sai farashin ƙulli ya tashi a kasuwar Gummi. Abin takaici shi ne, a nan kusa da mu, wajen Maradun da Talatar Mafara, ga madatsar ruwa ta Bakolori da kamfanin Impresit na Italiya ya kammala a 1978, kuma noman alkama na cikin manyan dalilan gina ta. An tashi manoma daga gonakinsu saboda ita, har aka zubar da jininsu a 1980 da suka nemi diyya. Gwamnatin Babangida ta hana shigo da alkama a 1987 don a noma ta gida, aka janye hanin a 1992 ba tare da buri ya cika ba. Haƙƙi ne a kan gwamnatin Gusau da ta tarayya su gyara magudanan Bakolori, su tsare manoman rani, su ba da iri a kan lokaci kafin sanyin hunturu ya wuce, sa'an nan su taimaki ƙungiyoyin mata da injinan murza taliya da wuraren shanya masu tsabta, nesa da ƙurar ma'adinai, domin 'yar murjin da za a dafa a Bukkuyum ta fito daga alkamar Zamfara.