Wanda ya ɗauki hoton gonarmu bai tona mana asiri ba



Tun ranar da munka yi hira a rediyo kan finafinan Sani Magori, saƙonni ba su daina shigo mana ba. Wasu na cewa irin wannan aiki tallar talaucinmu ne ga Turawa. To, ba mu yarda ba.

Magori ɗan Galmi ne, nan kusa da mu, kuma aikin gona ya karanta kafin ya ɗauki kamara. A 2008 ya yi "Pour le meilleur et pour l'oignon", labarin manomin da auren ɗiyarsa ya rataya ga kuɗin albasa. Wane gida ne a Adar bai san wannan zullumi ba? Daga baya ya yi "Koukan Kourcia". Ya nemo zabaya Husai, wadda waƙoƙinta sunka zuga samari tafiya bida a shekarun 1970, ya kai ta har Abijan don ta kira mahaifinsa ya komo gida. Mahaifinsa na cikinsa fa! Wanda ya fara da gidansu, asirin wa ya tona?

Mu da munka yi lakwal, an koya mana tarihin Faransa daki-daki, amma a tambaye mu wa ya gina tsohuwar rijiyar garinmu, sai mu yi tsuru-tsuru. Abin kunyar ke nan, ba hoton rumbun albasa ba.

Ku dubi Furojen Keita. Tun 1984, da tallafin Italiya da FAO, anka shiga jera duwatsu da dasa itace a kan fako. Yawancin masu aikin mata ne, ana biyansu da cimaka. Suna ɗauko dutse a ka, rana na dukansu, wata da goyo a baya. Rahotannin masu furoje sun ƙidaya hekta da itace. Wa ya zauna da matan nan ya ji ta bakinsu? Wadda ke da shekara 25 lokacin, yau ta haura sittin. Haka waɗanda sunka dasa layukan bedi a kwarin Majiya tun 1975 don tare iska. Ana ta rufe su ɗaya bayan ɗaya, kowa da labarinsa.

Kuma wallahi ba kayan aiki munka rasa ba. Salular da ke ɗaukar biki awa uku da taron ƴan siyasa ta isa ta ɗauki kaka minti ashirin.

Masu ƙorafi na da gaskiya wuri guda: fim ɗin da anka ɗauka cikinmu, haƙƙinmu ne mu gan shi a dandalin garinmu, ba a bukukuwan sinima na waje kaɗai ba. Wannan kam muna tare da ku, kuma muna kira ga magadan gari su nemo shi a haska mana.

Kafin nan, duk mai tsohuwa ko tsoho da ya yi aikin Keita ko Majiya, ya nemi izininsu, ya ɗauki muryarsu da sunan garinsu, ya turo mana. Za mu sa a shirinmu.