Furen mafarki ba shi da iri

1/ Jama'a, hotunan furannin nan da ke yawo, mai fuskar kyanwa, mai launi bakwai, mai haske kamar fitila, yawancinsu AI ce ta zana. 🧵

2/ Ni ban ƙi tsiron mafarki ba. Dajin Pandora a fim ɗin Avatar na 2009 ya burge ni, amma ai James Cameron bai ce a turo kuɗi ya aiko da iri ba.

3/ Wasu kuwa ɗora hoton suke a shagunan intanet suna sayar da "irinsa". Ka biya, ka shuka, ka yi ta ban ruwa wata uku, ciyawa ta fito. In ma ta fito. Wannan damfara ce, ba fasaha ba.

4/ Ko shuɗin furen wardi babu shi. Kamfanin Suntory na Japan ya shafe shekaru yana sauya ƙwayoyin halittarsa, wanda ya kai kasuwa a 2009 ruwan malmo ne.

5/ In abin mamaki kake nema, duba Welwitschia ta hamadar Namib. Ganye biyu kacal take yi, tana haura shekara 1,000. Ba a yaɗa hotonta, don kamar tsumma take a ƙasa 😅