Haɗarin Mota a Zango: Idan Laifi Na Ɓangare Biyu Ne, Ina Matsayin Diyya?



'Yan'uwa Musulmi, duk shekara mutum fiye da 2,000 ke rasa ransu a hanyoyin Gana, kuma mu mazauna Nima da Maamobi ba baƙi ba ne ga wannan musiba. Tsakanin titin Nima da na Kanda, trotro da okada da masu tafiya a ƙafa suna cuɗanya dare da rana. Idan haɗari ya auku, magana ɗaya muke yawan ji: "Ai shi ma da laifinsa, a bar wa Allah." Da wannan kalmar haƙƙin marayu da yawa ya salwanta.

Dokar ƙasa ba ta ce haka ba. Dokar alhakin ɓarna ta 1963, mai lamba 176, ta ba kotu ikon raba laifi tsakanin ɓangarori. Wanda ya ji rauni alhali da sakacinsa a ciki, ana rage masa diyya gwargwadon laifinsa, ba a soke ta. Misali, idan aka ƙiyasta asararsa sidi 100,000, kotu ta ga kashi 30 cikin ɗari na laifin nasa ne, zai karɓi sidi 70,000. Rashin hular kwano ko tsallaka titi inda bai dace ba na iya jawo ragi, amma direban da ya yi gudun wuce kima bai kuɓuta ba. Wani lokacin ma akwai sakacin hukuma, kamar yadda muka gani a titin Madina zuwa Adenta a Nuwamba 2018, inda jama'a suka yi bore bayan mota ta kashe wata ɗaliba, ga gadojin tsallakawa an bar su ba a gama ba.

Fiƙihu ya riga mu zuwa nan. Malamai sun tattauna mahaya biyu da suka yi karo suka mutu. Malikiyya sun ɗora cikakkiyar diyyar kowanne a kan dangin ɗayan. Imam Shafi'i ya ce rabi, domin kowannensu yana da hannu a mutuwar kansa. A 1993, Majalisar Fiƙihu ta ƙungiyar ƙasashen Musulmi, a zamanta na Burunai, ta yanke cewa bin dokokin hanya wajibi ne, kuma idan sababi biyu suka haɗu wajen ɓarna, kowa ya ɗauki alhaki gwargwadon tasirinsa. Idan ba a gane gwargwadon ba, a raba daidai.

To, me ya kamata mu yi? A kai rahoto wurin 'yan sandan MTTD nan take, a adana takardun asibiti da rasit, a rubuta lambar mota da sunayen shaidu. Tun 1958 doka ta wajabta wa kowace mota inshorar da za ta biya wanda ta raunata. Idan motar ba ta da inshora, ko direba ya gudu, Hukumar Inshora ta Ƙasa, wato NIC, tana da asusun tallafa wa irin waɗannan. Kada a yi jinkiri, domin wa'adin shigar da ƙarar rauni shekara 3 ne.

Yafiya alheri ce, kuma aya ta 92 a Suratun Nisa'i ta buɗe ƙofarta ga magada. Sai dai mutum rabonsa kaɗai yake yafewa. Baffa ko mai unguwa ba shi da ikon yafe rabon maraya don kunyar maƙwabci. Kuma ko an yafe diyya, kaffarar azumin wata biyu a jere tana nan a kan wanda ya yi kisan kuskure.

Haka nan mai neman diyya ya ji tsoron Allah. Ɓoye laifin kai, ko ƙara wa rauni girma, ko sayen shaidar zur, duk cin haram ne, ko da kamfanin inshora ne zai biya.

Muna kira ga limamai da sarakunan Zango: kafin a zauna sulhu, a nemi rahoton 'yan sanda da shawarar lauya, a san adadin haƙƙi tukuna, sannan mai yafewa ya yafe bisa sani.

Allah Ya kiyaye mu a hanyoyinmu, Ya jiƙan waɗanda suka riga mu.